An Kama Tifarka da Yashin Kogi? Ga Yadda Za Ka Karɓo Ta

Yawanci da sanyin safiya ko bayan la'asar wayar ke shigowa. Direba ne ko yaron mota, maganar kuma ba ta wuce guda: “Alhaji, an kama mota.” Kafin mai tifa ya ajiye wayar ya gama lissafi a zuci. Balas ɗin yau ya tafi, mai gidan bulo yana jiran sawu biyu da ya biya tun jiya, ga wanda ya ba da motar bashi yana jiran kuɗin wata. Shi ya sa yawancin mutane ke cika aljihu su nufi inda aka ajiye motar, a je a sasanta. Ni dai shawarata ka ɗauki takardu kafin ka ɗauki kuɗi. Motar da ta fito ta bayan fage ba ta da shaidar fita. Gobe wani ayarin zai tare ta a wannan hanyar, ranar da magana ta kai gaban alƙali kuma ba ka da abin nunawa, ga shi mai ba da cin hanci da mai karɓa duk doka ta hau kansu.

Tambayar farko da za ka yi wa direba ita ce su wa suka kama, kuma me suka ce an yi. Kada ka yarda da amsar “ma'aikata ne”. Wane kaki suka sa, me aka rubuta a jikin motarsu, ina suka kai tifar? Idan 'yan KAROTA ne a Kano, ko Rod Sefti, ko masu duba lafiyar motoci, kuma abin da suka rubuta lodi ne ya wuce kima, ko ba a rufe yashin da tamfol ba, ko takardu sun ƙare, to laifin hanya ne. Ka karɓi takardar laifin, ka biya tara inda doka ta ce, ka riƙe rasit, a ba ka motarka. Babbar magana ita ce idan aka ce yashin kansa ne haramtacce, wato an ɗebo shi daga kogi ba da izini ba.

Har yau mutane na mamaki idan aka ce musu yashi ma'adini ne. A wurin doka kuwa haka yake. Sashe na 44(3) na Kundin Tsarin Mulki na 1999 ya mallaka wa Gwamnatin Tarayya duk ma'adinan ƙasar nan, na tudu da na cikin ruwa. Dokar Ma'adinai ta 2007 kuma ta ambaci yashi da sunansa, tare da tsakuwa da marmara da dutse, cikin abubuwan da ba a haƙa domin sayarwa sai da lasisi. Lasisin daga Abuja yake fitowa, ta ofishin Kadasta mai rajistar wuraren haƙa, kuma kowanne yana da lamba, da sunan mai shi, da iyakar filin da ya shafa, da ranar ƙarewa. Yardar dagaci ko ta mai gonar bakin kogi tana da muhimmanci, amma ita kaɗai ba lasisi ba ce. Tikitin ƙungiya ba lasisi ba ne, haka rasit ɗin ƙaramar hukuma da ake yanka a bakin hanya. Sai ka ga direba ya fito da takardu uku huɗu da ya biya kuɗinsu da gaske, a ce masa babu wadda ake nema a ciki.

Masu kamun ma sun yawaita. A watan Maris na 2024 Ministan Ma'adinai, Dele Alake, ya ƙaddamar da dakarun tsaron ma'adinai su 2,220 da aka zaƙulo daga rundunar Sibil Difens. Akwai hukumar NIWA mai hedikwata a Lokoja, wadda dokarta ta 1997 ta ba ta iko a kan manyan koguna irin su Neja da Binuwai da Kaduna da Sakkwato da Gongola, har da mita 100 daga gaɓarsu. Ga 'yan sanda, ga kwamitocin kar-ta-kwana da jihohi kan kafa idan gaɓa ta fara zaftarewa ko gada ta shiga haɗari. Kowannensu da dokar da yake aiki da ita, da wanda ke sa hannu a saki mota. Wanda bai san hannun da motarsa take ba sai ya yi mako yana zarya a ofishin da ba shi da makullinta.

Kafin mota, mutum. Idan an tsare direba da yaron mota, su za ka fara fitarwa. Tsarin mulki ya ce a kai wanda aka tsare kotu cikin kwana ɗaya idan akwai kotu a tazarar kilomita 40, in babu cikin kwana biyu, kuma beli a caji ofis kyauta ne. Makomar motarka tana rataye da bayanin da direba zai bayar a rubuce. Mutumin da ya kwana a bayan kanta da yunwa da tsoro zai sa hannu a kowace irin takarda don ya tafi gida. Idan aka rubuta da Turanci cewa ya san wurin ba shi da lasisi kuma maigidansa ne ya aike shi, wannan layin zai bi ka har kotu. Yana da haƙƙin ya ce sai lauya ko wani nasa yana wurin, kuma a karanta masa abin da aka rubuta da harshen da yake ji kafin ya dangwala. Ka gaya masa ya faɗi gaskiya tsagwaronta: inda ya yi lodi, wanda ya biya, nawa ya biya, inda zai kai. Abin da bai sani ba ya ce bai sani ba.

Sai takardar da nake ganin ta fi kowace daraja a ranar farko, kuma ita aka fi mantawa: jerin kayan da aka karɓe. Sashe na 10 na Dokar Gudanar da Shari'ar Laifuka ta 2015, wadda lauyoyi ke kira ACJA, ya wajabta wa jami'in da ya yi kamu ya rubuta duk abin da ya karɓa, su sa hannu shi da wanda aka kama, a ba shi ko lauyansa kwafi. Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ta maimaita haka, jihohi ma sun yi irin tasu, Kaduna a 2017, Kano a 2019. Ka nemi a rubuta lambar mota, da ta inji, da ta casis, da adadin tayoyi har da safaya, da batura, da jak, da tamfol, da yawan man gas ɗin da ke tanki, da takardun da aka karɓe a hannun direba ɗaya bayan ɗaya, musamman tikitin lodi. In an yarda ka ɗauki hoton motar ta kowane ɓangare. Ka rubuta sunan jami'in da ke binciken da lambar fayil. Ba zargin kowa ake yi da wannan ba. Mota ce za ta kwana a fili, wataƙila watanni, masu gadi suna canjawa, ranar karɓa babu mai tuna batir nawa ta shigo da su.

Kana komawa gida ka haɗa takardu kashi biyu. Na farko masu nuna motar taka ce: shaidar mallaka, rajista, takardar kwastan, yarjejeniyar ciniki, inshora, takardar lafiyar mota, lasin direba. A nan masu sayen mota hannu da hannu ke shan wuya. Tifa ta yi hannu uku, sunan da ke takarda na wani ne a Anaca ko Fatakwal da ba wanda ya san inda yake, alhali hukuma mai mota take ba wa mota. In haka taka take, ka nemo takardar cinikin da shaidun da suka sa hannu, ka je kotu ka yi takardar rantsuwa. Idan kuma bashi aka ba ka kana biya kaɗan-kaɗan, ka sanar da mai asalin motar a ranar. Na san tsoron kada ya karɓe abinsa ne ke sa a ɓoye. Amma sunansa ne a takarda, doka ta ba duk mai haƙƙi a kaya damar neman a sake su, kuma roƙon wanda bai san hawa ba bai san sauka ba ya fi saurin shiga.

Kashi na biyu su ne masu amsa tambayar da za a fi yi maka: daga ina yashin ya fito? Ka koma wurin lodin da ƙafarka, kada ka aika. Ka sami mai wurin kansa, ba 'yan shebur ko mai yankan tikiti ba, ka nemi kwafin lasisinsa, da rasit ɗin kason da yake biyan gwamnati, da shafin littafinsa na ranar mai nuna lambar motarka. Ka duba ko lasisin bai ƙare ba, ko sunan wanda ka biya ne ko wakilinsa, sannan ko ramin da aka yi maka lodi yana cikin iyakar da aka ba shi. Wannan na ƙarshe shi ke kayar da mutane. Yashi ya ƙare a inda aka ba mutum, sai ya matsa gaba da rabin kilomita yana ci gaba da yanka tikiti da tsohuwar lamba. Ofishin ma'aikatar ma'adinai ta tarayya da ke jiharku zai iya duba lambar, kuma wasiƙa daga gare shi mai cewa lasisin na aiki ta fi taron shaidu. Ka haɗa da shaidar wanda ya yi odar yashin: saƙon waya, alat ɗin banki, takardar ɗan kwangila.

To idan ka je ka tarar wurin ba shi da lasisi fa? Ranar wanka ba a ɓoyon cibi, ka gaya wa lauyanka yadda abin yake. Kada ka yarda wani ya “samo” maka tikiti mai tsohon kwanan wata ko kwafin lasisin wani wuri. Rashin sanin cewa wuri ba shi da izini magana ce da lauya zai iya tsayawa a kanta, musamman in a fili ake lodi, motoci na layi, ka biya kamar kowa. Takardar jabu kuwa sabon laifi ne da ka aikata da hannunka, kuma ranar da aka gano ta alƙali ba zai sake yarda da sauran takardunka ba, har masu kyaun.

Da takardu sun kammala sai roƙo, a rubuce, ba da baki ba, ba ta hannun “wani da ya san oga” ba. Wancan sashe na 10 na ACJA ya ce jami'i na iya sakin kayan da aka karɓe ga mai su bisa alkawari a rubuce, tun kafin a gurfanar da wanda ake zargi. Ya ƙara da cewa idan jami'in ya ƙi, dole ya kai rahoton kayan gaban kotu, ita kuma tana iya cewa a mayar. Ke nan doka ba ta ba shi damar ya ajiye mota ya yi shiru ba. Wasiƙar ta tafi ga shugaban wurin da motar take, DPO ne ko kwamandan Sibil Difens na jiha ko shugaban kwamiti, da kwafi ga na sama da shi. Ba ta buƙatar tsawo: ga ni, ga motata, ga ranar da aka kama ta da inda take, ga takardun mallaka da na asalin yashin, ina roƙon a ba ni ita bisa alkawarin zan kawo ta duk ranar da aka nema, ba zan sayar ba, ba zan canja mata fenti ko lamba ba, ga mai tsaya mini. Ka je da kwafi biyu, a buga wa ɗaya hatimin karɓa da kwanan wata ka dawo da shi. Hatimin nan ne zai nuna wa alƙali cewa ka nema ta hanyar da ta dace aka ƙi.

A cikin wasiƙar ka sa wani roƙo da lauya kan manta amma kowane bakanike ya sani: a sauke yashin. Tifa mai taya goma in ta tsaya da cikakken lodi na makonni, sifirin zai kwanta, tayoyi su lotsa su tsattsage a rana, jiƙaƙƙen yashi ya ci bodi da tsatsa, in damina ce ruwa ya ƙara masa nauyi. Ka ce a auna shi, a ɗauki hoto, a juye shi a harabar hukumar a matsayin kayan shaida. Kada ka yi jayayya a kan yashin, kuɗin sawu ɗaya bai kai na taya ɗaya ba. Ka kuma roƙi a bar bakanikenka ya riƙa zuwa yana tayar da injin, ko a yarda ka cire batir a rubuta a fayil.

Ban ga dalilin jiran amsa fiye da mako ɗaya ko biyu ba. “Oga ya yi tafiya”, “fayil na hedikwata” da “dawo jibi” suna iya cinye wata uku. Idan an riga an gurfanar da direba, hanya ta miƙe: lauya ya shigar da roƙo a wannan kotun, da takardar rantsuwarka, a saki motar kafin a gama shari'a. Daga sashe na 330 zuwa gaba, ACJA ta ba kotu ikon yanke yadda za a ajiye kayan da ake zargin an yi laifi da su, da wanda za a ba wa bayan hukunci. Hujjojin da ke shiga kunnen alƙali sanannu ne. Kai ne mai motar kuma ba kai ake tuhuma ba. Motar na lalacewa a inda take. Ba a musun ita ta ɗauko yashin, don haka hoto da takarda sun isa shaida, ba sai ƙarfen ya tsaya a harabar kotu ba. Ga gidajen da ke ci daga gare ta, ga mai tsayawa mai gida da adireshi a garin. Mai gabatar da ƙara zai ce in an sake ta za ta koma kogi. Ka taho da amsar tun daga gida: ka yarda a sa sharaɗin ba za ta sake lodi a wannan wurin ba.

Ka tambayi lauya tun farko wace kotu ce ke da hurumi. Sashe na 251 na tsarin mulki ya sa maganar ma'adinai a hannun Babbar Kotun Tarayya. Idan kuwa dokar jiha ce ta muhalli ko ta hanya, ko an kira abin sata, sai ka ga an kai kotun majistare ko ta tafi-da-gidanka. Ka nemi kwafin takardar tuhuma ka ga sunan dokar da idonka, kada ka kashe makonni a kotun da za ta ce ba ta da ikon sakin motar.

Ga wurin da nake so mai mota ya fi natsuwa. Za a sami mai ce wa direba, wani lokaci da kyakkyawar niyya, “Ka amsa laifi kawai, tara ce kaɗan, yau za ka kwana a gida.” A laifin hanya wannan na iya zama gaskiya. A laifin ma'adinai yana iya raba ka da mota har abada. A 'yan shekarun nan hukumar EFCC ta kama manyan motoci da dama ɗauke da ma'adinai a yankin Ilorin, ta gurfanar da direbobi a Babbar Kotun Tarayya ƙarƙashin wata doka ta 1984 da aka gada daga mulkin soja, kuma a shari'o'i da yawa, bayan direba ya amsa laifi, kotu ta mallaka wa Gwamnatin Tarayya kayan da motar baki ɗaya. Galibin lodin duwatsu ne masu daraja, ba yashi ba, amma duk ma'adinai ne a wurin doka. Direba sai ya tafi gida da ƙaramin hukunci, mai mota yana can bai ma san an zauna ba. Saboda haka kada a amsa komai, kada a sa hannu a yarjejeniyar sassauci da mai gabatar da ƙara, sai lauyanka ya karanta ya ga abin da ta ce game da motar. Ka kuma gane cewa a wannan gaɓar buƙatarka da ta direba sun rabu. Shi fita yake nema, kai mota, kuma dukanku kuna da gaskiya. Adalci shi ne ka tsaya masa da beli da lauya da abincin iyalinsa, kada matsi ya sa ya sayi fitarsa da dukiyarka.

Ka sa ido a jaridu. Dokar 2022 kan dukiyar da ke da alaƙa da laifi ta ba hukumomi damar neman kotu ta ƙwace kaya ko da ba a sami kowa da laifi ba. Kotu kan ba da umarnin wucin gadi, a buga sanarwa, a ba mai haƙƙi wa'adi, sau da yawa kwana 14, ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a ƙwace. Wanda bai zo ba an ɗauka ba shi da ja. Haka rundunonin 'yan sanda kan sanar da motocin da suka daɗe ba a zo nema ba kafin a yi gwanjonsu. Shi ya sa yake da kyau ka riƙa sabunta wasiƙarka mai hatimi duk wata.

Wani lokaci kuma ba a kai kowa kotu ba, an saki direba, mota na nan. Wannan ya fi cin rai. Tsarin mulki ya yarda hukuma ta riƙe kayan mutum domin bincike, amma na ɗan lokaci, ba har illa masha Allahu ba. A nan lauya zai fara da wasiƙar gargaɗi mai wa'adi, in ba a ji ba ya shigar da ƙarar kare haƙƙin ɗan'adam a babbar kotu bisa sashe na 44 da na 46 na tsarin mulki da ƙa'idojin shigar da irin wannan ƙara na 2009, waɗanda suka ba da damar a saurari ƙarar da takardun rantsuwa ba tare da layin shaidu ba. Ana iya neman diyyar kwanakin da motar ta yi ba ta aiki, littafin balas ɗinka na watannin baya ne zai nuna abin da take kawowa. Sai dai kada ka ɗora buri a kan diyyar, karɓar kuɗi daga hukuma bayan hukunci ba ya zuwa da wuri. Umarnin saki shi ne abin nema. Kada kuma ka yi nawa, domin akwai tsohuwar dokar da ta taƙaita wasu ƙararraki a kan jami'an gwamnati ga wata uku, wasu hukumomin kuma sai an ba su sanarwa a rubuce kafin a kai su kotu.

Direban da ba shi da ƙarfin ɗaukar lauya, akwai hukumar Legal Aid mai ofishi a kowace jiha. In an nemi kuɗi a hannunka kafin a saki mota, 'yan sanda suna da sashen karɓar ƙorafi da aka buɗe a 2015, Kano kuma tana da hukumar ƙorafi da yaƙi da rashawa. Wannan ne ma lokacin amfanin ƙungiyar masu tifa, sakatarenta ya san wuraren da ke da lasisi, shugabanta na iya tsaya maka. Abin da ban yarda da shi ba shi ne jera tifofi a tare babbar hanya don a saki mota ɗaya. Yana jawo a kama wasu, ya kuma ɓata ku da mutanen gari, masu ɗauke da marasa lafiya da masu zuwa kasuwa.

Akwai abin da ke damuna a sana'ar duka. Wanda ya san Challawa da Tamburawa da Wudil tun da daɗewa ya ga yadda gaɓa ke ja da baya. Madatsar Tiga ta 1974 da ta Challawa ta 1992 suna tare yashin da ambaliya ke saukowa da shi a da, ga Kano na cin bulo ba dare ba rana, sai abin da ake ɗiba ya fi abin da kogi ke mayarwa. Inda aka yi haka ƙasan kogi kan zurfafa, gonakin fadama su rufta, tushen ginshiƙan gada ya fito fili, ramukan da aka bari su cika da ruwa su ci yara. Masu hana ɗiba a irin waɗannan wurare suna da hujja, ina kuma tare da su. Inda nake ja shi ne kamun ya tsaya a kan direba a bakin titi, alhali mai ramin da injinsa suna can suna yi wa na baya lodi. Amma mai tifa yana da rabonsa na alhaki. Ya tambayi lasisi kafin ya tura mota, ya ajiye kwafinsa a gaban mota tare da inshora, ya rubuta yarjejeniya da direbansa cewa ba a lodi sai a wurare kaza. Wannan 'yar takarda ce za ta wanke shi ranar da direba ya saci sawun dare a wurin da ya fi araha.

Ranar da umarni ya fito, kada murna ta sa ka gaggawa. Ka karɓi kwafi mai hatimin kotu, ma'aikacin kotu ya kai wa hukumar a rubuta an karɓa. Ka je da bakanike da jerin kayan ranar farko, ku bi su ɗaya bayan ɗaya kafin ka sa hannu. In wani abu ya ɓace, a rubuta a jikin takardar karɓa, jami'i ya sa hannu. Duk kuɗin da aka ce na ajiya ne ko na janwe, ka tambayi dokar da ta sa shi, ka biya ta asusun gwamnati, ka karɓi rasit mai sunan hukuma. Ka nemi takardar saki mai lambar motar, direba ya riƙe kwafi, domin jami'an wani shingen ƙila labarin sakin bai kai musu ba.

Saki bisa alkawari ba ƙarshen shari'a ba ne. Kada ka sayar, kada ka jinginar, kada ka tura ta aiki Nijar ko wata jiha mai nisa ba da sanin kotu ba, kuma duk ranar zama ka je ko lauyanka ya je. In aka nemi motar ba ta zo ba, kuɗin da aka rubuta a alkawarin zai hau kanka da kan wanda ya tsaya maka, a kuma sake kama ta. Bayan an yanke hukunci ko an janye tuhumar, lauya ya nemi umarni na ƙarshe da zai sauke alkawarin ya sallami mai tsayawa, ka karɓo asalin takardun da ka ajiye a kotu. Sai da wannan umarni a hannu za ka iya sayar da motar ko canja sunan mai ita.